Charlotte Zwerin: Kunnen Edita da Amanar Sauti

  

Sharhinmu na yau zai leƙa wani ɗaki ne da ba kowa ke shiga ba. Ɗakin tace fim. A can ake yanka hoto, a jona sauti, a fitar da labari. Mai wannan aiki shi ake kira edita. Ba a sa hotonsa a fosta. Sunansa ma sai a ƙarshen fim yake fitowa, lokacin da 'yan kallo sun riga sun miƙe.

Za mu ɗauki aikin mace guda mu duba. Sunanta Charlotte Zwerin, Ba'amurkiya ce. Ta yi kusan shekara 40 tana tace fina-finan dokumentari, waɗanda ba wasan kwaikwayo ba ne. Mutane na gaske ake ɗauka, suna cikin harkarsu ta gaske. Da yawa daga cikin manyan ayyukanta kuma a kan makaɗa ne da mawaƙa.

Magana ɗaya nake so ku riƙe har mu kai ƙarshe. Editan dokumentari da kunne yake fara aiki, kafin ido. Abin da ya shiga kunnensa kuma amana ce.

To, bari mu fara da ita kanta.

An haife ta a birnin Detroit a 1931. A nan garin nasu ta yi karatu, a Jami'ar Wayne State. Tun tana ɗaliba son fim ya kama ta, har ta kafa ƙungiyar masu kallon fina-finai a makarantar. Daga nan ta nufi New York neman aiki. Aikin kula da tsofaffin faya-fayai ta samu, a wani shirin tarihi na gidan talabijin na CBS. A wancan zamani, riƙe kyamara da ba da umarni kusan duk a hannun maza suke. Ƙofar da aka ɗan bari a buɗe ga mata ita ce ta ɗakin tacewa. Ta nan ta shiga. Daga ɗauko faifai da mayar da shi, ta koyi yanka, ta koyi jonawa, har ta zama edita.

Yanzu sai mu tambaya. Me ya sa kunne ya zama babban makami a wannan sana'a? Amsar tana cikin kayan aiki.

Kafin wajajen 1960, ɗaukar hoto da sauti lokaci guda a titi ko a cikin gidan mutane wahala ce babba. Kayan nauyi gare su. Kyamara kuma ga ƙara. Saboda haka sai a ɗauko hoto shiru, daga baya a ɗora masa murya. Masu sauraronmu na Nijar za su tuna da misali ɗaya. A 1958 Bafaranshen nan Jean Rouch ya fitar da fim ɗin Moi, un noir, a kan samarin Nijar 'yan ci-rani a unguwar Treichville ta Abijan. Babu sauti aka ɗauki hoton. Bayan an gama, Oumarou Ganda ya zauna yana kallon kansa a allo, yana faɗin abin da ya zo bakinsa. Wannan murya ita ta ba fim ɗin rai.

Ana nan sai ga ƙananan kyamarori da ake saɓawa a kafaɗa. Ga kuma rakoda mai suna Nagra da ake ratayawa kamar jaka. Mutum biyu sun isa aiki: ɗaya ya ɗauki hoto, ɗaya ya ɗauki sauti. A 1960 ƙungiyar Robert Drew ta bi John Kennedy yawon neman takara a jihar Wisconsin. Aka ji ɗan siyasa yana magana a ɗakin otal, ba a kan mimbari kaɗai ba. A kamfanin Drew ɗin ne Charlotte ta haɗu da wasu 'yan'uwa biyu, Albert da David Maysles. Albert mai kyamara, David mai sauti.

Salon 'yan'uwan nan shi ne, ba sa tsara wa kowa abin da zai faɗa. Ba sa kuma kawo mai sharhi ya yi bayani a kan hoto. To, in babu rubutaccen labari, babu mai bayani, wa zai fitar da labarin? Edita. Ita za a jibge wa faya-fayai na awanni da awanni. Ita za ta zauna ta saurara, ta sake saurara, har ta ji inda labarin yake.

Ku zo mu tsaya a bayanta, mu ga yadda aikin yake. Hoto a zarensa daban, sauti a nasa zaren daban. Kowace daƙiƙa, hoto 24 ne ke wucewa. In sauti ya goce da biyu ko uku kacal, sai baki ya motsa, magana ta biyo baya. Da hannu take daidaita su. Ta yanka da reza, ta liƙa da salatif. Guntayen da ta cire ta rataye su a ƙugiya, kowane da lambarsa. Har shiru sai an ɗauko mata. Domin kowane wuri da irin shirunsa. Shirun ɗaki mai fanka daban, shirun fili daban. In ta cire tari ko in-ina daga maganar mutum, da shirun wannan ɗakin za ta cike gurbin. In ba haka ba, kunnenka zai ji an yi faci, ko da idonka bai ga komai ba.

Hausawa na cewa gani ya kori ji. A wannan ɗaki kuwa, ji ne ke yi wa gani jagora. Ido yana iya haƙuri da hoto mai rawa ko mai dishi-dishi. Kunne ba ya haƙuri da magana mai tsalle.

An ga wannan a fim ɗin Salesman na 1969. Labarin wasu dillalai huɗu ne, masu bin gida-gida suna tallar Baibul mai tsada ga iyalai masu ƙaramin ƙarfi. A wajen tacewa ne ɗaya daga cikinsu, Paul Brennan, ya zama zuciyar labarin. Kasuwarsa tana mutuwa. Yana raha, yana kwaikwayon muryoyi, amma kana jin gajiya a ƙarƙashin rahar. Inda ya gama zuba ya yi shiru, mai gida ma ya yi shiru, ba a yi gaggawar yankewa ba. An bar shirun ya yi tsawo, har mai kallo ya ji kunyar da ta cika ɗakin. Da fim ɗin ya fito, sunanta yana jere da na 'yan'uwan biyu a matsayin masu fim. Ba kowane edita ke samun wannan ba.

Yanzu mun zo kan aikin da ya fi fito da sunanta. A nan zan ɗan daɗe, ku yi haƙuri da ni.

A ƙarshen 1969, ƙungiyar mawaƙan Ingila da ake kira Rolling Stones ta yi rangadi a Amurka. 'Yan'uwan Maysles suka bi su da kyamara. Aka shirya rufe rangadin da wasa na kyauta, ran 6 ga Disamba, a filin tseren motoci na Altamont a jihar Kalifoniya. Mutum wajen 300,000 suka hallara. Shirin ya zo a gaggauce. Dandamalin gajere ne. Tsaronsa kuma aka bar wa 'yan wata ƙungiyar masu manyan babura, Hells Angels. Tun da rana ake dukan mutane da sanduna. Da dare, ana tsakiyar waƙa, wani saurayi baƙar fata ɗan shekara 18, Meredith Hunter, ya zaro bindiga kusa da dandamali. Ɗaya daga cikin masu baburan ya daɓa masa wuƙa. Ya mutu. Kyamara kuwa ta ɗauka.

To, jama'a, ku sa kanku a kujerar edita. An fita ɗaukar fim ɗin kiɗa, an dawo da kisan kai. Yaya za a yi? Ana iya cire mutuwar, a sayar da waƙa. Ana iya tallata mutuwar, a sayar da jini. Charlotte ta kawo wata shawara daban. A kira mawaƙan ɗakin tacewa. Su zauna su kalli abin da ya faru. A ɗauke su suna kallo.

Haka aka gina fim ɗin Gimme Shelter, wanda ya fito a 1970. Tun kusa da farko, sai a ɗauke mu daga hayaniyar dandamali a kai mu wannan ɗaki. Ga mawaƙi Mick Jagger, ga mai ganga Charlie Watts. Me suke yi? Saurare suke. An kunna musu shirin wani gidan rediyo na San Francisco, wanda aka yi bayan wasan, jama'a suna bugo waya. Cikin masu bugowa har da Sonny Barger, jigo a cikin masu baburan, yana kare mutanensa cikin fushi. Muryarsa kawai muke ji. Abin da muke gani fuskar Charlie Watts ce, yana sauraro, jikinsa a sanyaye.

Ku lura da dabarar. Tun kafin ido ya ga Altamont, kunne ya riga ya san an yi mutuwa. Daga nan duk waƙar da ta biyo baya, da wani kunne za ka ji ta. Tafi yana nan, shewa tana nan, amma ga fargaba a ƙarƙashi. Ba a ƙara wa kowa kalma ba. Jeri kawai aka sauya.

Akwai wani wuri kuma, a ɗakin ɗaukar waƙa na Muscle Shoals a jihar Alabama. An nuna mawaƙan suna sauraron waƙar da suka gama ɗauka. Ɗaya daga cikinsu, Keith Richards, ya kishingiɗa, ido a rufe. Bakinsa yana bin waƙar a hankali. Ƙafarsa tana kaɗawa cikin takalmin fatar maciji. Kyamara tana yawo daga fuska zuwa fuska, waƙa tana tafiya. Edita mai gaggawa zai ce ai ba abin da ke faruwa a nan, a yanke. Ita ta san cewa mutum yana sauraro ma labari ne.

A ƙarshen fim ɗin, Jagger ya nemi a mayar da faifan baya. Aka mayar. Aka rage gudunsa. Sai ga bindigar ta fito fili, ga kuma wuƙar. Babu mai sharhi da ya fito ya nuna mai laifi. Jagger ya miƙe zai fita, aka tsayar da hoto a kan fuskarsa. Hukunci aka bar wa mai kallo. An kuma nuna hoton kisan a kotu, inda aka sallami wanda ya yi sukan bisa hujjar kare kai.

Amma kada mu yi kamar kowa ya yaba. A'a. Shahararriyar mai sharhin fina-finai ta mujallar The New Yorker, Pauline Kael, ta caccaki fim ɗin. A ganinta, son ɗaukar fim yana da hannu a yadda aka shirya wasan, sannan aka ci riba da mutuwar. Masu fim ɗin sun musanta zargin.

Ko mun yarda da ita ko ba mu yarda ba, ƙorafin ya taɓo wani abu na gaske. Ikon edita abin tsoro ne. Zai iya ɗauko amsar da ka bayar da safe, ya liƙa ta a bayan tambayar da aka yi maka da yamma. Zai iya sa kiɗan tausayi a ƙarƙashin fuskar azzalumi, ka ji zuciyarka ta yi laushi. Kamar ɗan aike ne tsakanin gida biyu. In ya zubar da kalma ɗaya a hanya, sai zumunci ya ɓaci, alhali bai ƙirƙiri ƙarya ko ɗaya ba.

Amsar Charlotte tana cikin fim ɗin kansa. Ta nuna teburin tacewa. Ta nuna yadda ake mayar da faifai baya, ake tsayar da shi. Mai kallo ya sani cewa abin da yake gani, wani ne ya zaɓa, wani ne ya jera. Ba ta ɓoye hannunta ba. Abin da nake nufi ke nan da amana. Edita da kunne yake aiki, kuma abin da ya shiga kunnensa amana ce.

Sai mu juya ga wani aikin nata. Wannan babu jini a cikinsa. Haƙuri ne ya cika shi.

Thelonious Monk gwanin fiyano ne, baƙar fata, ɗaya daga cikin manyan masu kiɗan jaz na Amurka. A 1967 da 1968, wasu 'yan'uwa biyu, Michael da Christian Blackwood, sun bi shi wata da watanni suna ɗauka, don talabijin na Jamus ta Yamma. Aka nuna abin da aka nuna. Sauran faya-fayan suka kwanta a ajiye shekara da shekaru. Monk ya rasu a 1982. Furodusa Bruce Ricker ya samu labarin faya-fayan. Aikin ya zo hannun Charlotte. Jarumin fim ɗin nan Clint Eastwood, wanda mai son jaz ne, ya tsaya wa aikin aka samu kuɗi. Fim ɗin ya fito a 1988, da sunan Straight, No Chaser. Wannan karon ita kaɗai ce darakta.

Ga matsalar da ta tarar. Wanda ake fim a kansa ya riga ya tafi. Ba za a sake ɗaukarsa ba. Ko da yana raye ma, ba mai yawan bayani ba ne. Ƙasa-ƙasa yake magana, guntu-guntu. To, me ta yi? Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Sai ta bar kiɗan ya yi magana.

Ta bar shi ya yi tsawo. Kana ganin yatsunsa a miƙe, da zobe, suna dukan fiyano. Kana ganin ƙafarsa tana sharar ƙasa, tana bin bugu. Gumi yana zuba, ya goge da hankici, ya ci gaba. Wani lokaci ya miƙe tsaye, yana ta juyawa a wuri ɗaya. Ba a katse shi kowane rabin minti don wani masani ya gaya mana gwani ne ba. Kunnenmu ya ji da kansa.

Ku sani, yanka kiɗa ya fi yanka magana wuya. Kiɗa yana da ƙidaya. In ka cire bugu ɗaya ba a kan gaɓa ba, ko wanda bai taɓa riƙe ganga ba zai ji tuntuɓe. Dole edita ya riƙa ƙirga tare da mai ganga. In yana so ya sauya hoto daga hannu zuwa fuska, sai ya jira inda kiɗan ya numfasa. Wanda ba ya jin kiɗa a jikinsa, ba zai iya tace fim ɗin makaɗi ba.

Ta kuma bar ƙananan abubuwa. Ga matarsa Nellie tana ɗawainiya da shi a tafiya, tana kula da kayan sawarsa. Ga ɗansa yana ba da labarin rashin lafiyar da ke taso wa uban, har a wasu ranaku ya kasa gane ɗan nasa. Charlotte ba ta ɓoye wannan lalura ba. Ba ta kuma mayar da ita abin kallo ba. Mamaci ba zai tashi ya ce an yi masa ƙarya ba. Shi ya sa amanarsa ta fi ta mai rai nauyi. A 2017, babban ɗakin karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya sa fim ɗin cikin jerin waɗanda ƙasa za ta adana.

Bayan wannan ta ci gaba da bin makaɗa. A 1994 ta yi fim a kan Toru Takemitsu na Japan, wanda ya tsara kiɗan fim ɗin Ran na Akira Kurosawa, kuma aka san shi da ba shiru haƙƙinsa a cikin kiɗa. A 1999 ta yi a kan mawaƙiya Ella Fitzgerald. Ta rasu a New York a watan Janairun 2004, tana da shekara 72.

To, jama'a, mu dawo gida. Me wannan labari ke gaya mana?

Zan fara da matasanmu masu sana'ar tacewa, maza da mata. Yau babu reza, babu salatif. Kwamfuta ce, wani ma da waya yake aikinsa. Kayan sun sauya, amma kunne yana nan inda yake. In an kawo muku hira, ku fara rufe ido ku saurare ta, kafin ku kalla. Ba kowane hoto ke buƙatar kiɗa a ƙarƙashinsa ba. In dattijo ya yi shiru yana tunani, ku bar masa shirunsa. In kun gajarta maganar mutum, ku tambayi kanku: da zai ji, zai ce haka na faɗa? In amsar a'a ce, ku mayar da abin da kuka cire.

Sai mu masu sauraro. Kullum ana turo mana guntun murya a WhatsApp. Wai ga malam wane ya faɗi kaza. Wai ga ɗan siyasa wane ya yi ɓaram-ɓarama. Rabin minti ne, ko ƙasa da haka. Kafin ka tura gaba, tsaya ka tambaya. Me ya faɗa kafin nan? Me ya faɗa bayan nan? Wa ya yanka? Kowane guntu da ka ji, akwai editan da ya zaɓe shi. Ba kowane edita ne ke da amana ba.

Magana ta ƙarshe a kan ajiya ce. Fim ɗin Monk ya samu ne domin wani bai zubar da tsofaffin faya-fayai ba. Mu ma muna da namu gwanaye da suka riga mu gidan gaskiya. Alhaji Mamman Shata ya rasu a 1999. Hajiya Barmani Choge ta rasu a 2013. Ɗan Maraya Jos ya rasu a 2015. Allah ya jiƙansu. Muryoyinsu suna nan a kaset-kaset da tsofaffin bidiyon biki, a akwatuna da ƙarƙashin gado. Zafi yana cin su. Danshin damina yana cin su.

Saboda haka, masu sauraro, a daren nan ko gobe, ku buɗe wannan akwati. Ku fitar da kaset ɗin daga inda rana ko ruwa ke taɓa shi. Ku nemi mai juya shi zuwa kwamfuta, amma kada ku yar da na asalin. Ku rubuta sunan mai waƙar, da garin da aka ɗauka, da shekarar, tun dattawan da suka sani suna raye. Ku juya shi gaba ɗaya, da gaisuwar farko, da hayaniyar jama'a, kada ku yanke komai. Yankan ku bar wa editan da zai zo, Allah ya sa mai amana ne.